Zuwa ga ɗana, a kan zancen gadon sana'a

Assalamu alaikum ɗana. Ina gajiya, ina iyali? Yaya mai jego da jaririya? Allah ya raya mana ita, ya sa mai jin ƙanku ce.

Saƙonka ya iso tun ranar Laraba. Ƙanwarka ta karanta mini shi bayan sallar isha'i, na ce ta maimaita, ta maimaita. A karon farko dariya na yi har innarku ta leƙo daga ɗaki tana tambayar ko lafiya. A karo na biyu dariyar ta ɗauke, na kwana ina juya maganar a raina.

Ka ce kun je wani taro, mai jawabi ya gaya muku kowane mutum akwai abin da aka halicce shi domin ya yi, kuma duk wanda aikinsa ba ya sa shi ɗokin wayewar gari to bai gano nasa ba tukuna, ya ajiye ya shiga nema. Shi ne kake tambayata yadda abin yake a al'adarmu: wai da gaske ne a da uba ke yanke wa ɗa sana'a ba tare da an ji ta bakinsa ba, kuma mu da aka yi wa haka ba mu ji an danne mu ba? Can a ƙarshe kuma ka maƙala wata 'yar magana, cewa aikin ba da kati da kake yi a asibiti ya fara fita daga ranka. Ita wannan ta ƙarshen ce ta hana ni barci, don na san ita ce uwar tambayar, sauran rakiya suka yi mata.

Abin da ya ba ni dariya shi ne zancen jin ta bakin yaro. Na tuno kakanka zaune a gaban wuta, gumi na tsiyaya daga gemunsa, a ce ya ajiye masaba ya kira ni ina ɗan shekara bakwai ya ce, to me ranka yake so ka zama? Da ni kaina sai na tsorata, in zaci wani laifi na yi. A lokacin yaro ba ya zama komai, a cikin abu yake buɗe ido. Ɗan maƙeri a maƙera, ɗan mahauci a mahauta, ɗan marini hannunsa ya yi shuɗi tun bai san sunan baba ba. Ana cewa kyan ɗa ya gaji ubansa, ana kuma cewa barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe, kuma babu wanda ya ɗauki wannan a matsayin zalunci, kamar yadda ba ka ɗaukar harshen da ka tashi da shi a matsayin zalunci.

Kai ba ka san Gomben da nake magana ba. Ka buɗe ido ka ga babban birnin jiha, tun da a 1996 aka yanke mu daga Bauchi, ga tituna ga jami'o'i. Gomben da kakanka ya tarar lokacin da ya taso daga ƙasar Katagum yana saurayi, garin auduga ne. An kafa injin gurzar auduga a 1956, jirgin ƙasa ya iso a 1963, ina yaro muka ruga muka je kallonsa. Mutane suka yi ta kwararowa daga Kano da Borno da ƙasarmu ta Katagum suna saran daji wajen Kumo da Pindiga da Malam Sidi, saboda ƙasar tana karɓar auduga da dawa. A nan ne garmar shanu ta samu gindin zama fiye da wurare da yawa a Arewa. Ita kuwa garmar shanu bakinta yana cinyewa, ƙasa na lashe shi kamar yadda harshe ke lashe alewa, kusan kowace damina sai an sake shi ko an gyara. Wannan shi ya riƙe gidanmu. Da bazara ta kama, zauren maƙerarmu ba ya rabuwa da mutane: mai fartanya, mai gatari, mai lauje, mai bakin garma a cikin buhu. Da yawa ba sa biya a take. Sai kaka ta yi ka ga jakuna a ƙofar gida da dammunan dawa da gero. Ba rubutu, ba shaida, kuma ban taɓa jin kakanka ya bi wani gona yana neman haƙƙinsa ba.

Da asuba makarantar allo, hantsi ya yi sai maƙera. Aikin yaro na farko zuga ne. Ka zauna a ƙasa ka miƙe ƙafa, zuga-zugin fatar akuya ɗaya a kowane hannu, wannan ya sauka wancan ya tashi, ba a so iskar ta yanke. Na yi shekara huɗu ina zuga kafin a bar ni in riƙe awartaki, na kuma yi wasu shekarun ina riƙe wa wani ƙarfe kafin a miƙo mini masaba. Gawayin ma sai na ƙirya, shi ne mai riƙe wuta, mu muke zuwa ɗauko shi a ka. Idan na yi ƙorafin hannuna ya gaji, Baba yakan ce, wanda bai iya ciyar da wuta ba, ba zai san yunwarta ba ranar da ya zama mai ƙira.

Amma kada ka ɗauka makanta ake yi. Ba a tambayar yaro da baki, ana dai kallonsa, kuma kallon ya fi tambayar tsanani. Ka tambayi mahaifinka. Shi ma an zaunar da shi a gaban zuga-zugi kamar ni, sai dai hankalinsa ba ya kan wuta, yana kan mutanen da ke shigowa. Shi ne zai ce Baba, mai fartanya ukun nan na Deba bara ma bai cika nasa ba, saura dami ɗaya. Bai kai shekara goma ba ya riƙe bashin gidan nan gaba ɗaya a kansa. Kakanka ya yi shekara biyu yana lura, bai ce uffan ba, rannan sai ya kama hannunsa ya kai shi makarantar boko da kansa, a lokacin da maƙwabta ke ɓoye nasu 'ya'yan. Ya ce wannan kansa ne masabarsa. Ka ga ke nan karatun da kai ka yi, tushensa wannan kallon ne. Haka ake yi a gidaje da yawa. Yaron da aka ga ba shi da hannun sana'ar gida, akan miƙa shi ga kawu ko wani amini mai wata sana'ar, a ce ga ɗanka nan. Abin da ba a yarda da shi ba ɗaya ne, yaro ya zauna hannu rabbana yana jiran ransa ya gaya masa abin da yake so.

To ni da aka ga ina da hannun, ni ne na so guduwa. Wannan labarin ban taɓa ba ku shi cikakke ba.

Shekarar 1970 ce, yaƙin basasa bai daɗe da ƙarewa ba, ina da shekara goma sha tara. Samarin unguwarmu da suka tafi Kaduna suna dawowa da Sallah da agogo a hannu da takalmi sau ciki, suna ba da labarin masaƙun Kakuri, wai wata na ƙarewa ana ƙirga maka kuɗinka a tafin hannu, ba ruwanka da jiran kaka. Ni kuwa in dubi hannuna duk tabon wuta, rigata duk huda. Na tara 'yan sulallana a ɓoye daga wuƙaƙen da nake ƙerawa ina sayarwa ranar kasuwa, na yanki tikiti, na ɗaure kayana na tura ƙarƙashin gado. Inna kaɗai na gaya wa, na roƙe ta kada ta faɗa sai na yi nisa. Jirgin zai taso daga Maiduguri ya biyo ta Gombe washegari.

A 'yan kwanakin nan yatsan kakanka na dama ya kumbura ya yi ruwa, ko cokali ba ya iya riƙewa balle masaba. An rufe maƙera tun la'asar. Muna zaune bayan magariba, hadari ya haɗu ta gabas ana walƙiya, sai muka ji sallama. Wani tsoho ne, ƙafafunsa fari fat da ƙura, da buhu a kafaɗa. Daga wani ƙauye yake ta wajen Kwami, a ƙasa ya tako. Ya zazzage buhun, sai ga bakin garma ya rabe biyu. Ya ce ruwan shuka ya sauka a wajensu daren jiya, shi ba shi da shanu, maƙwabcinsa ne ya ba shi aron nasa na kwana biyu, yau da gobe, daga nan sai su wuce gonar wani. Da safe ya ɗaura karkiya, kunya ta uku garmar ta ci karo da kututture. Idan bai yi huɗa a kwana biyun nan ba, sai layi ya zagayo, lokacin kuwa danshi ya tafi. Baba ya tambaye shi ba shi da yara ne da za a aiko, ya tako da kansa? Ya yi shiru, sannan ya ce babban ya tafi soja, har yanzu ba labari.

Ni a raina cewa nake ba a fafe gora ranar tafiya, me ya hana shi duba garmarsa tun da rani. Ga ni da tafiya a gabana, ina so in kwanta da wuri. Baba bai dube ni ba. Ya tashi ya ɗauki fitilar ƙwai ya nufi zaure, muka bi shi. Ya tona tokar, akwai sauran garwashi, ya zuba gawayi da hannun hagu. Sai na ga abin da ban taɓa gani ba tun da aka haife ni: kakanka ya zauna a ƙasa, a wurin zaman yara, ya miƙe ƙafa, ya kama zuga-zugi, ɗaya da hannun hagu, ɗaya da gindin tafin hannun da ke ciwo. Ya nuna mini wurinsa da haɓa.

Ɗana, na sha ƙera fartanya da wuƙa, amma bakin garma daga farko har ƙarshe ban taɓa yi ni kaɗai ba. Na zaro guntun sifirin ɗin babbar mota daga cikin tarin ƙarafa, irin wanda muke saye a wajen makanikai, na sa a wuta. Tsohon ya riƙe mini da awartaki ina dukansa, don ba wani a wurin. Ƙarfen sifirin taurin kai gare shi, sai ya yi ja sosai yake jin magana, kuma da ka ɗan yi jinkiri ya huce sai ka mayar. Na shimfiɗa shi, na fitar da kaifin, na lanƙwasa, na huda wurin noti ina gwadawa da tsohon bakin. Ruwa ya kece a waje, iska na kaɗa fitila. Da na ga ya yi siffa, sai gaggawa ta kama ni, na cire shi yana ja wur na tsoma a ruwa gaba ɗaya. Na ji ya yi wata 'yar ƙara, ƙas. Na san abin da ya faru tun kafin in ɗago shi. Tsaga ce siririya kamar gashi daga bakin kaifin.

Tsohon ya karɓa ya jujjuya a gaban fitila, ya ce ai wannan ba komai, zai yi, Allah ya yi albarka. Ya gaji, yana so ya kama hanya. Ni ma na ji sanyi a raina. Baba bai daina zuga ba, ya ce masa, malam, ba kai za ka yi masa shari'a ba, saiwar da ke cikin gonarka ce za ta yi, ita kuwa ba ta jin kunyar kowa. Ya sake nuna mini tarin ƙarafan da haɓa.

Na ɗauko wani guntun na fara daga farko. Hannuna na rawa, raina a ɓace, ina jin hawaye na son zubowa. Ina satar kallon Baba, na ga tsumman da aka ɗaure yatsan da shi ya jiƙe, amma iskar ba ta yanke ko sau ɗaya ba. Da aka zo wurin ba shi ruwa, sai ya ce in kashe fitilar. Ya ce da rana ƙarfe ƙarya yake yi maka, a duhu yake faɗin gaskiyar zafinsa. Muka zauna a duhu mu uku, ba abin da ake gani sai jan ƙarfen. Ya ce jira. Jan ya sauko daga mai haske ya koma kamar na cikin garwashin da ya fara kwanciya. Ya ce yanzu, bakin kaɗai. Na tsoma kaifin kawai, na ɗago, ya sa aka kunna fitila, na goge wurin da dutse da sauri har ya yi fari. Sai ga zafin da ya rage a jikin ƙarfen yana gangarowa zuwa bakin, launi na tafiya a kansa ana gani, da fari kamar karan dawa busasshe, sannan ya yi duhu, yana neman komawa irin na wuyan tantabara. Kafin ya kai can Baba ya ce tsoma duka. Na yi shekara goma sha biyu a zauren nan ina ganin yana yin wannan, ban taɓa sanin abin da idonsa ke jira ba sai a daren.

Ya karɓa da hannun hagu ya ƙwanƙwasa shi a jikin uwar maƙera. Ƙarar ta fita tas, doguwa, ba gargada. Bai ce ya yi kyau ba, kakanka ba ya faɗin haka. Ya miƙa wa tsohon kawai.

Lokacin zakara ya yi cara na fari, ruwa ya tsagaita. Tsohon ya kwance bakin zaninsa na ɗamara ya fito da sule biyu, Baba ya ce ya mayar, a bari sai kaka. Inna ta kawo masa fura ya sha a tsaye, ya saɓa buhunsa ya fita cikin taɓo, yana so rana ta fito masa a gona.

Muka rage mu biyu. Ina tattara kayan aiki sai na ji ya ce, jirgin naka ƙarfe nawa ne? Awartaki ya kusa faɗuwa daga hannuna. Har yau ban san ko Inna ce ta gaya masa ko shi ya gane ba. Na durƙusa na kasa magana. Ya ce ba zan hana ka ba, ni ma barin garinmu na yi na zo nan. Abu ɗaya zan tambaye ka, kuma ba yau za ka ba ni amsa ba. Inda za ka, idan ka kwana biyu ba ka fito ba, akwai wanda zai tako ya zo ƙofarka kamar yadda tsohon nan ya zo? Idan akwai, ka riƙe wurin da kyau. Idan babu, kada ka yi saurin cewa wurin ne ba shi da kyau, ka fara duba irin aikin da kake yi a cikinsa. Ya sa hannu a aljihu ya ba ni fam ɗaya, ya sa mini albarka.

Na tafi. Kada ka zaci labarin zai ƙare da cewa na fasa. Na shiga jirgi da ƙunar daren a hannuna, muka bi ta Bauchi, Kuru, Kafanchan, har Kaduna. Da kaka ta yi mahaifinka ya rubuto mini wasiƙa da rubutunsa na 'yan makaranta, ya ce wani tsoho ya zo da jaki da dami uku na dawa, yana tambaya ina yaron da ya yi masa ƙira, ya ce dami ɗaya na yaron ne, kada a haɗa da na gida. Inna ta ɗaga shi ta ajiye a rumbu, ba ta bari an taɓa ba sai da na zo Babbar Sallah, ta sa aka sussuka ta yi mini tuwo da shi. Na ci abinci a wurare da yawa bayan nan, har a Makka, amma ina iya tuna ɗanɗanon tuwon nan yanzu da nake gaya maka.

Shekara goma sha shida na yi a masaƙa. Ba zan zage ta ba, da ita na yi aure, da ita na sayi filin da muke ciki, kuɗin Udoji, wato ƙarin albashin da aka yi wa ma'aikata a 1975, da su na yi rufin kwano. Amma shekarun farko na sha irin abin da kake ji yanzu. Ƙarar injuna har ba ka jin na kusa da kai, lamba gare ka ba suna ba, zare na wucewa ta gabanka ba ka san wanda zai sa tufar ba. In ka yi fashi wani za a tsayar a wurinka kafin a gama busa. Tambayar Baba ta riƙa cina. Abin da na yi shi ne na fara tsayawa bayan tashi ina kallon masu gyaran inji, ina miƙa musu sifana, har suka gane hannuna ya san ƙarfe aka mayar da ni cikinsu. A can na koyi walda. Ba a yi shekara uku ba sai ga shi ana buga mini ƙofa da tsakar dare, inji ya tsaya, mutum ɗari na zaune suna jira. Ranar da aka fara yi mini haka na zauna a bakin gado ina ɗaura takalmi, na ce a raina, Baba ga amsarka. Ban samu na gaya masa da baki ba. Ya rasu a 1978 ina Kaduna, kafin saƙo ya same ni an riga an kai shi.

Wannan shi ne abin da ke ci mini rai har gobe. Akwai abubuwan da ke hannunsa da suka tafi da shi. Ya ga mahaifinsa yana narka tama a fitar da ƙarfe daga dutse, tun kafin ƙarfen Turawa ya cika kasuwa, ya san yadda ake gina murhun, ya sha cewa zai nuna mini in an samu sarari. Ni kuwa ina ganin lokaci na nan. Da aka rage ma'aikata a 1986 na dawo Gombe na buɗe shagon walda, ina yin ƙofofi da amalanken shanu da gyaran injin niƙa, manoma na kawo garma kamar da. Na rufa wa kaina asiri, alhamdu lillahi. Amma ni mai walda ne da ya taɓa zama maƙeri, kuma a cikin 'ya'yana da ku 'ya'yan ƙannena babu wanda ya taɓa kama zuga-zugi. Laifin ba naku ba ne, mu ne muka fara sakin igiyar.

Inda nake ganin naku laifin shi ne nan. Kun mayar da zuciya alƙali a kan komai. Raina ba ya so, raina bai kwanta ba, ba na jin daɗinsa. Ita zuciya yau tana son abu gobe ta ƙi shi, wa zai ɗora gini a kanta? Ina wucewa ta bakin titi ina ganin samari majiya ƙarfi a kan benci tun hantsi, kowa ya sunkuya a kan waya, da digiri a aljihu, ana jiran aikin ofis mai kujera mai juyawa. Ka ce wa ɗaya ya zo shago ya koyi walda sai ya dube ka kamar ka zage shi. Alhali kasuwar Tudun Hatsi cike take da hatsin da wani ya duƙa ya noma, da garmar da wani ya ƙona hannunsa ya gyara. Shi mai jawabin naku ban san shi ba, ba zan ce ƙarya yake yi ba, wataƙila akwai waɗanda maganarsa ta yi wa amfani. Amma zancen abin da aka halicce mu dominsa, ai malaminmu na allo ya gama mana shi tun muna yara, bautar Allah ce, kuma ya ce ba a masallaci kaɗai take ba, tana cikin mudun da ka auna daidai da ɗinkin da ka yi ba ha'inci. Yakan ce aiki jiki ne, niyya ce ransa. Mu ba mu taɓa jin an ce mutum ya shiga ɗaki ya rufe ƙofa ya lalubo dalilin zuwansa duniya a cikin ƙirjinsa ba. Ni dai nawa a kafaɗar wani tsoho ya zo mini, cikin buhu, a daren da ba na so.

Watan jiya na raka innarku asibiti, ba naku ba, wani dabam. Mun isa tun bakwai. A gabanmu akwai wata mata da ta fito daga ƙauye da goyon yaro, jikinsa zafi kamar garwashi, ta biya kuɗin mota da abin da ta sayar da kaza. Tagar kati a rufe har tara saura. Da mai katin ya zo bai ɗaga kai ya dube ta ba, ya ce katinta ya ɓace ta sayi sabo, ita kuwa ba ta da ko sisi bayan na komawa. Likita na ciki, magani na ciki, amma tsakaninta da su akwai wannan tagar. Mutane suka haɗa mata. Ina tsaye ina kallon yaron nan mai kati, kai ne ka faɗo mini a rai, tun kafin saƙonka ya zo. Na ce Allah ya sa namu ba haka yake yi ba.

Ban ce dole ka mutu a bakin taga ba. Ni da na bar maƙerar ubana ba ni da bakin da zan ce wa wani kada ya motsa. Idan kana da wani abu da hannunka ya iya, wanda mutane suka fara nemanka dominsa, ka faɗa mini shi da sunansa, mu zauna da mahaifinka mu duba, ka yi istihara. Amma a saƙonka ban ga sunan komai ba, na ga dai gajiya, ga kuma jaririya da ba ta yi arba'in ba. Ba a sakin reshe a kama ganye. Kuma ina so ka ba ni amsar abu biyu in ka tashi rubutowa: ƙarfe nawa kake buɗe tagar nan, kuma a cikin masu zuwa akwai wanda in ya tarar ba kai ba ne a wurin yakan tambaya ina kake?

Zancen ko mun ji an danne mu kuwa, na fara ba ka amsa sau biyu ina sa ƙanwarka ta goge. Wata rana in ce e, wata rana in ce a'a. Ka bari sai ka zo.

Uwar maƙerar kakanka tana nan a zaure, na sa an ɗora ta a kan kututture don kada ƙasa ta ci ta, masabarsa ma na nan, ƙotar ce kawai na sake. In kun zo Sallah zan sa a nemo gawayin ƙirya, ko da yake yanzu sai an sha wuya ake samunsa, in hura wuta bayan isha'i mu kashe fitila in nuna maka launin nan, ko sau ɗaya ne wani daga cikinku ya gani da idonsa. Ka taho mini da maganin ɗigon ido irin na wancan karon, wannan ya kusa ƙarewa. Ka gai da mai jego, ka ce innarku na nan tafe da daddawa da kuka in an samu mai zuwa.

Baffanka.